Wasiƙa Zuwa ga Garba: Mutumin da Ya Ɗora wa Kayan Wasa Laifi

Aminina Garba,

Assalamu alaikum. Ya gida, ya iyali, ya jikin Inna? Allah ya ƙara mata sauƙi. Mu nan Ostiriya lafiya lau, sai sanyi da ya shigo da ƙarfinsa.

Na ga hoton raket ɗin tanis da ka saya wa Abba, har kana tambaya ko Head kamfanin Jamusawa ne. A'a. Hedikwatarsa tana wani ɗan gari mai suna Kennelbach a yammacin ƙasar nan, amma asalinsa Amurka ne, kuma ba da tanis ya fara ba.

Sunan wanda ya kafa shi ne, Howard Head. Injiniya ne a kamfanin ƙera jiragen sama na Glenn L. Martin a Baltimore. A 1947 ya je Stowe, jihar Vermont, ya gwada wasan zamiya a kan ƙanƙara, wanda ake ɗaura dogayen alluna biyu a ƙafa a gangaro daga dutse. Ya sha faɗuwa. Ni da kai da sai mu ce ba mu iya ba, mu kama gabanmu. Shi kuwa sai ya ce allunan ne suka yi nauyi, don a lokacin na katako ne zalla. Ya ajiye aiki, ya ɗauki kusan dala 6,000 da ya ci a karta (ban ce ka gaya wa Abba wannan ba), ya fara harhaɗa alluna da alminiyam irin yadda ake yin jikin jirgi.

Na farko da ya kai wa masu koyar da wasan, duk karya su suka yi. Haka ya yi ta komawa yana gyara har 1950, sannan ya dace: filawud a tsakiya, alminiyam sama da ƙasa, daga baya aka ƙara bakin ƙarfe. Sun fi na katako tsada nesa ba kusa ba, amma juya su ba wuya, shi ya sa ɗan koyo ma yake gangarowa kamar gwani. Kafin ƙarshen shekarun 1960, kusan rabin allunan da ake sayarwa a Amurka nasa ne. A 1969 ya sayar wa kamfanin AMF kamfaninsa na Head a kan dala miliyan 16.

To, nan ne abin ya fi ba ni dariya. Ya yi ritaya, ya koma buga tanis, nan ma bai iya ba. Ya sayi injin jefa ƙwallo na wani ƙaramin kamfani mai suna Prince don ya riƙa atisaye, injin bai gamsar da shi ba, sai ya shiga kamfanin har ya zama mai babban kaso. Daga nan ya juya kan raket, ya ce fuskarta ta yi ƙanƙanta. Ya faɗaɗa ta, aka yi masa rajistar ƙirar a 1976. An yi ta yi masa ba'a, har sai da Pam Shriver, yarinya 'yar shekara 16, ta kai wasan ƙarshe na US Open da ita a 1978. Ka ga ke nan, mutumin ya koma gogayya da kamfanin da ke ɗauke da sunansa. Ya rasu a 1991.

Shi ma kamfanin Head ɗin bai zauna ba. Da raket ɗinsa Arthur Ashe ya doke Jimmy Connors a Wimbledon a 1975. Ashe ɗin nan fa yana Legas a Fabrairun 1976 wajen wata gasa lokacin da aka kashe Janar Murtala, Allah ya jiƙansa. Bayan 'yan kwanaki sojoji suka shiga fili ana tsakiyar wasa suka fitar da shi da bakin bindiga.

Daga baya kamfanin ya yi ta sauya hannu. Har kamfanin taba na gwamnatin Ostiriya ya taɓa riƙe shi, bashi ya kusa durƙusar da shi, sai wani attajiri ɗan Suwidin, Johan Eliasch, ya karɓa a tsakiyar shekarun 1990. Yanzu Djokovic da raket ɗinsu yake wasa.

Abu ɗaya dai: wadda na gani a hoton ta manya ce, za ta yi wa yaro ɗan shekara tara nauyi a wuyan hannu. Ka adana masa ita. In zan zo da Sallah, in Allah ya yarda, zan taho masa da ta yara.

Ka gaishe min da Maman Abba da mutanen majalisa.

Naka,
Auwalu