Wasiƙa zuwa ga aminiyata: ki ji labarin Toni Morrison

Assalamu alaikum aminiyata,

Da fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara. Mu nan alhamdulillahi, sai zafi da ya sako mu gaba.

Na ga ƙorafinki cewa koyarwa ta cinye miki lokaci, har littafin da kika fara rubutawa ya kwanta a ƙasan akwati. Ni kam ban karɓi wannan uzuri ba, kuma marubuciya Toni Morrison ce hujjata.

An haife ta a 1931 a garin Lorain na jihar Ohio a Amurka, sunanta na asali Chloe Wofford. Ta yi digirin farko a Jami'ar Howard, na biyu a Cornell a 1955, daga nan ta kama alli: ta koyar a Texas Southern, ta dawo Howard. Aurenta ya mutu a 1964, renon 'ya'ya maza biyu ya faɗo kanta, ta shiga aikin tace littattafai a kamfanin Random House. Tun da asuba take tashi ta yi rubutu kafin yaran su farka. Littafinta na farko, The Bluest Eye, bai fito ba sai 1970, tana da shekara 39. Shekarunki nawa yanzu?

Amma ba tashin asubar ne ya fi burge ni ba. Aikin ofis ɗin nan da za a ce yana tauye ta, shi ya miƙo mata babban labarinta. Tana cikin haɗa The Black Book, kundin tarihin baƙaƙen fatar Amurka da ya fito a 1974, ta ci karo da wata tsohuwar takardar jarida a kan Margaret Garner. Baiwa ce da ta gudo daga Kentucky a 1856, ta tsallaka kogin Ohio da 'ya'yanta. Da masu kamun bayi suka rutsa da ita, sai ta yanka 'yarta ƙarama da hannunta, don kada a mayar da ita bauta. Labarin ya zauna a ran Morrison fiye da shekara goma, ya zama littafinta Beloved a 1987, inda yarinyar ta dawo wa uwar a matsayin fatalwa. Shekara na zagayowa ya ci Pulitzer, babbar kyautar adabi a Amurka. Da a ɗaki ta kulle kanta tana jiran ilhama, ina za ta ga wannan takarda?

A teburin nan kuma ta tace tarihin rayuwar Muhammad Ali da na 'yar gwagwarmaya Angela Davis, ta taimaka aka fitar da wani kundin adabin Afirka mai ɗauke da Achebe da Soyinka.

Ta ci kyautar Nobel a 1993, baƙar mace ta farko a fannin adabi, amma ba ta ajiye alli ba. Tun 1989 take koyarwa a Princeton, sai 2006 ta yi ritaya. Ta rasu a 2019 tana da shekara 88.

Shawara ɗaya: kada ki fara da Beloved. Turancinsa na da wuyar hawa, kuma ba littafin da ake karantawa da dare ba ne. Ki nemi littafinta Song of Solomon tukuna, ya fi sauƙin shiga.

Ki gaida Mama, ki ce ina mata ya jiki. A shafa min kan auta.

Taki har kullum,
Aminiyarki