Wasiƙa zuwa ga Abba kafin tafiyarsa Jamus

Damagaram, unguwar Birni.

Zuwa ga ɗana Abba,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya kamar yadda muke a nan, in ban da zafin bazara da wahalar ruwa da ka riga ka sani. Takardarka ta zo ta hannun kawunka, na karanta ta sau uku, na kuma karanta wa mahaifiyarka sashen da ka ce malamin nan na Jamus ya yarda ya ɗauke ka shekara uku. Ta yi hamdala, ta yi kuka, kuma har yau ba ta kama sunanka ba, "wancan na Yamai" take cewa. Allah ya sanya albarka. Sai dai akwai maganar da ta tsaya mini a maƙoshi tun hutun da ya wuce, kuma ba zan bari ka hau jirgi ban amayar da ita ba.

Ka rubuta cewa ka bar nazarin yadda mutane suke amfani da harshe, ka koma bin asalin kalmomi da kwatanta harsunan Cadi, wato dangin harsunan da Hausa take cikinsu, domin a ganinka can ne kimiyya ta gaskiya take, sauran kuwa hirar bakin kasuwa ce. Ban raina fagen da ka zaɓa ba. Ni ma jikina ya yi sanyi ranar da wani malami ya nuna mana a kwas cewa talaka da talauci, ko ɓauna da ɓakane, ba ganganci ne ya raba su ba, doka ce: baƙin da ya zo ƙarshen gaɓa yakan raunana, /k/ ta narke ta koma /u/. Masanin harshe Bajamushe Klingenheben ne ya bayyana wannan tun wajen 1928, kuma ita ce ta warware mini abin da ya sa baƙinmu na Adar da Sakkwato suke cewa zamna da sabka, Bakano kuwa ya ce zauna da sauka. Na san Greenberg ya jera harsunan Afirka a 1963 ya sa iyalin Cadi cikin babban gida ɗaya da Larabci da harshen Buzaye, na san Newman da Ma sun kwatanta kalmomin Cadi a 1966. Mu mutanen Damagaram ma mun fi kowa buƙatar wannan ilimi, tunda tarihin zamanmu ƙarƙashin Barno yana nan kwance a bakinmu: Ciroma, Galadima, Yarima, har kasuwa da karatu da rubutu, waɗanda Greenberg ya ce ta hanyar Barebari suka shigo mana. Raƙumi da takobi kuwa ayarin Abzin ne ya sauke mana su a Zango. Duk wannan na yarda da shi, kuma ina alfahari ɗana zai zauna cikin masu wannan aiki.

Abin da ya hana ni barci shi ne abin da na gani da idona a tsakar gida. Ka shimfiɗa tabarma a gindin bedi, ka ajiye na'urarka ta ɗaukar murya a gaban kakarka Hajiya, ka buɗe jerin kalmominka guda ɗari: ido, kunne, wuta, ƙashi, sabo, tsoho. Tana amsawa kana kallon allurar na'ura. Da kuka zo kan kalmar yunwa, tsohuwa ta gyara zama, ta tattare bakin zanenta, ta fara ba ka labarin yunwar Kakalaba yadda ta ji shi daga uwarta, yadda aka tona gidan tururuwa ana neman hatsi, da sunayen ganyayen da aka ci waɗanda ni kaina, mai shekara saba'in da ɗoriya, ban taɓa jin biyu daga cikinsu ba. Sai ka sa yatsa ka danna, ka ce mata kalmar kaɗai kake so, ta sake faɗa sau uku a hankali. Ta faɗa. Da ka tafi, ina yi mata alwala ta dube ni ta ce, "Yaron nan bakina yake so, ba ya son maganata." Abba, ban ba ta amsa ba, domin ba ni da ita.

Ka san labarin Dorugu, ko kuwa ya kamata ka sani, tunda ɗan ƙasarmu ne, daga wani ƙauye kusa da Kance. Bauta ta raba shi da iyayensa, Bature matafiyi Overweg ya 'yanta shi, ya bi abokin tafiyar Overweg, Barth, wanda mutanenmu suka sani da Abdulkarim, har Ingila a 1855. A can ya zauna gaban wani ɗan mishan, Schön, yana ba shi Hausa baki da baki, aka fitar da nahawu a 1862 da ƙamus a 1876, kuma sunan da ke bangon littattafan ba na ɗan Damagaram ba ne. Shekara da shekaru ina jin tsoron kada wata rana ɗana ya zama Dorugu, a tatse shi a bar shi. Yanzu tsoron ya juya, ya fi na da nauyi. Ina tsoron ka zauna a kujerar mai tatsa, kakarka ta zama saniya. Bature da ya yi haka yana da uzurin baƙunta, shi bai sha furar Hajiya ba, bai yi fitsari a bayanta ba. Kai wane uzuri gare ka? Wa ya koya maka katse babba yana magana? A gidan nan dai ba a yi ba, kuma in jami'a ce ta koya maka, to ta karɓi kuɗinmu ta ba ka rashin kunya.

Na san abin da za ka ce, domin ka taɓa jefa mini shi a gaban ƙannenka: ni ne mushe, wato malamin makaranta, da ya rataya wa yara sambol, alamar horo, a wuya don sun yi Hausa a lakwal, ni ne kuma na kai ka makarantar Faransanci zalla. Gaskiya ne, na yi. Ina saurayi aka ba ni aji da doka, na bi doka, kuma har gobe ina tuna fuskar wani yaro da ya ce "ruwa" don ƙishirwa ta ci ƙarfinsa, na rataya masa. Amma ka tuna da aka buɗe makarantar gwaji ta Hausa da Faransanci a garin nan a 1973, ta farko a ƙasar, ina cikin waɗanda suka riƙa yanka kwali da dare suna rubuta ɓ da ɗ da ƙ da hannu, lokacin da abokan aikinmu suke mana dariya. Kai kuwa na kai ka inda na kai ka ne domin a wancan zamani takardar aiki ba ta jin Hausa, kuma ina da baki tara da zan ciyar. Da ban yi ba, da wane harshe za ka karanta masanin harshe Saussure yau?

Tunda na ambace shi, bari in tuna maka abin da ka fi ni sani. Shi ya raba nazarin harshe a tsaye, yadda yake aiki a zamani ɗaya, da nazarinsa a tafe cikin tarihi, a littafin da ɗalibansa suka fitar a 1916, alhali shi kansa a kwatanta tsofaffin harsuna ya yi suna. Masana harshe na birnin Prag da suka kafa ƙungiyarsu a 1926 suka tambayi aikin da kowane sauti yake yi, Martinet kuma ya zo a 1955 ya nuna cewa sauti yana sauyawa ne saboda ja-in-ja tsakanin ƙyuyar baki da buƙatar a fahimce ka. Ashe dokar Klingenheben da kake ƙauna ba a takarda ta faru ba. Wasu tsofaffi ne irin Hajiya, suna daka suna hira, harshensu ya gaji da /k/ a ƙarshen gaɓa. Kalmominka na zato masu alamar tauraro a goshi, waɗanda babu mai rai da ya taɓa jin an furta su, za su gaya maka inda "ɗa" ta fito, amma ba za su gaya maka abin da ya sa mahaifiyarka take zagaye sunanka ba, ko abin da ya sa Hajiya takan ce "an zo lafiya?" ga surukinta maimakon "ka zo lafiya?". Wannan ma nahawu ne, kuma ba ya cikin jerinka na ɗari. Yanzu da dokar ƙasa ta 2025 ta ɗaga Hausa ta zama harshen ƙasa, masu rubuta littattafan aji za su buƙaci wanda ya san duka biyun, ba na so a neme ka a tarar rabin aiki ka iya.

Na yi zafi, ka yi haƙuri, tsufa ne da kewa. Ban ce ka fasa tafiya ba, ban ce ka sauya kundinka ba. Hajiya dai ƙafafunta sun kumbura, tun azumi ba ta fita zaure, ko da yake hankalinta garau yake. Kana da mako shida kafin jirgi, motar Yamai kuwa kwana ɗaya ce. Ka zo ka yi mana ko da kwana huɗu ne, ka kunna na'urar ka ajiye ta, ka bar jerin a cikin jaka. Na tambaye ta sunayen ganyayen nan na rubuta uku a bayan kalanda, na huɗun ta ce sai ka zo.

Mahaifiyarka ta ba kawunka kilishi da ƙullin yaji ya kawo maka, ta ce ka nemi rigar sanyi tun a Yamai.

Mahaifinka.