Godiya ga Ofishin Lambobin Cututtuka na Asibitin da Ya Duba Hajiyarmu

Assalamu alaikum.

Na riga na je ƙafa da ƙafa na yi muku godiya da Turanci. Wannan kuwa da Hausa na rubuta, don 'yan'uwanmu mazauna Bronx da sauran sassan Amurka su san akwai wani ofis a asibiti, mai mayar da bayanin likita zuwa lambobin da ake tura wa inshora, da ba a ganin ma'aikatansa a gaban gadon majinyaci, amma alƙalaminsu na iya hana mutum barci.

Shekara huɗu ke nan da aka sauya wa mahaifiyata mahaɗar ƙugunta na dama, aka sa mata ta ƙarfe. A hunturun da ya wuce santsin ƙanƙara ya kwashe ta a bakin ƙofa. Hoto ya nuna ƙarfen lafiya lau, ƙashin cinyar da ke riƙe da shi ne ya tsage. Likita ya kira karayar B1 a tsarin Bankuba (Vancouver) na rarraba irin wannan karaya, wanda likitocin ƙashi ke amfani da shi tun 1995. Wato ƙarfen bai girgiɗe ba, don haka ba a cire shi ba, faranti da waya aka ɗaure ƙashin da su. Da B2 ce, wato ƙarfen ya girgiɗe, da sai an sake sabon ƙarfe. Alhamdu lillahi.

Muna cikin murnar sallama sai ga wasiƙar kamfanin inshora, wai ba za su biya ba, bayanan sun saɓa wa juna. Na ɓoye takardar a aljihun riga kwana uku don kada Hajiya ta gani. Na buga waya nan, na buga can, kowa sai ya tura ni gaba, har aka haɗa ni da ku.

Baiwar Allah da ta karɓi maganar ba ta ce in dawo gobe ba. Ta ba ni kujera, ta juyo mini da fuskar kwamfuta, ta sa bakin biro a kan lamba ɗaya: M97.02XA. Ta ce 02 ƙugun hagu ne, na dama 01 ne. Ashe takarda ta karya wa Hajiya ƙafar da ba a taɓa yi wa aiki ba, rahoton tiyata kuma yana cewa dama. Ta bi sauran haruffan ɗaya bayan ɗaya. X cike gurbi ne kawai. A na nufin ana tsakiyar magani, in an koma gashin ƙashi da zuwa dubiya sai ta zama D.

Abin da ya fi burge ni shi ne lamba ta biyu. Ta ce M97 ba ta tafiya ita kaɗai, domin abin da take faɗa kawai shi ne karayar ta auku a kewayen gaɓar ƙarfe. Sai an haɗa da wata da za ta bayyana irin karayar. In faɗuwa ce ta karya lafiyayyen ƙashi, rukunin S72 ne, in kuwa ƙashin ne ya zaizaye da tsufa, M80 ne. Ni da gaggawa na ce ta sa duk wadda za a fi saurin biya. Ta yi murmushi ta ce ba huruminta ba ne, abin da likita bai rubuta ba ba za ta ƙaga ba. Ta aika masa da tambaya a rubuce, ya amsa cewa faɗuwa ce, sannan ta gyara. A lokacin na ɗan ji haushin jinkirin, ba zan ɓoye ba. Daga baya na gane cewa da ta biye mini, da an liƙa wa Hajiya cutar da ba a tabbatar ba, ta bi ta duk asibitin da ta je.

A cikin hira ta gaya mini cewa kafin Oktoban 2016 irin wannan karaya a ƙarƙashin T84.04 take, cikin matsalolin da ake ɗora wa ƙarfen kansa, sai aka ware mata rukuninta tunda galibi ba laifin ƙarfe ba ne. Ita kanta Amurka sai ranar 1 ga Oktoba, 2015 ta koma wannan kundi na ICD-10-CM, mai lambobin cututtuka dubu sittin da ɗoriya a lokacin. Mai zama cikin wannan daji kullum, ya kuma iya yi wa ɗan tasi irina bayani ba tare da gajiya ba, ya cancanci yabo.

An sake tura takardun, inshora ta biya. Hajiya yanzu tana takawa da sanda har masallaci ranar Juma'a. Da na ba ta labari, ta ce in kai wa 'yar nan dambun nama da turare, na ce ba lallai dokar wurin aikinsu ta yarda ba. Ta ce to addu'a ai ba ta da shamaki, kuma tun ranar take sa ku a ciki bayan sallar asuba.

Allah Ya saka da alheri, Ya ƙara basira.

Naku,
Ɗan Hajiya, daga Bronx, New York