A Koyar Da Ɗalibanmu Rabe-raben Halittu Da Talibambam

Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon fili a wannan jarida domin in yi magana a kan wani kifi da masuntan ƙasar Haɗeja suka sani sarai, amma ba a jin sunansa a ajin ilimin halittu, wato talibambam. Idan ya faɗa koma, sau da yawa masunci kan wurga shi bakin gaɓa, yara su ɗauka suna sosa masa ciki har ya kumbura ya yi tim, ƙananan ƙayoyin fatarsa su miƙe. A ganina, da wannan kifin ya kamata malamai su buɗe darasin rabe-raben halittu, maimakon zanen allo na kifayen da ɗalibi bai taɓa sa wa ido ba.

Namu talibambam, wanda masana ke kira Tetraodon lineatus, ya shiga littafin kimiyya tun 1758 ta hannun masanin halittu ɗan ƙasar Sweden, Carl Linnaeus. Ana samunsa a kogunan Nilu, Neja, Bolta da Senegal, da kuma yankin Tafkin Chadi, wanda kogin Haɗeja ke cikinsa. Yana iya haura santimita 40 a tsawo. Abin da ya sa ya dace da darasi shi ne galibin danginsa kifayen teku ne, shi kuwa yana cikin 'yan kaɗan da suka zauna a ruwan daɗi, tare da wani ɗan'uwansa a kogin Kuros Riba da kuma wani da ake kira mbu a kogin Kwango, wanda ya fi shi girma.

Babban rukunin da ya haɗa su, Tetraodontiformes, yana da iyalai 10 da nau'o'i sama da 400, kuma haƙori na cikin alamomin da ake bi wajen raba wasunsu. Duk wanda ya buɗe bakin talibambam zai tarar haƙoran sun haɗe sun zama faranti huɗu, biyu a sama biyu a ƙasa, kamar bakin aku. Wani iyalin na teku mai dogayen ƙayoyi faranti biyu gare shi, akwai kuma mai uku, wanda nau'i ɗaya tak ya rage a iyalinsa. Da wannan baki namu yake fasa dodon koɗi, abincin da ya fi so, kuma da yake haƙoran ba sa daina tsiro, taunar abu mai tauri ce ke rage musu tsawo. A cikin rukunin ne kuma ake samun mola, wanda ya fi duk wani kifi mai ƙashi nauyi. A 2021 an tsinci gawar ɗaya kusa da tsibiran Azores na Fotugal mai kilo 2,744. Da wuya ɗalibi ya manta darasin da aka ce masa abin wasansa na bakin rafi dangin wannan ƙaton ne.

Kumburin ma yana da bayani. Talibambam ba shi da haƙarƙari, ba shi da fikafikan ƙasan ciki irin na karfasa, tumbinsa da fatarsa kuwa suna buɗewa ƙwarai, saboda haka idan ya tsorata sai ya kwankwaɗi ruwa da sauri har ya fi ƙarfin bakin mai son haɗiye shi. Iskar da yake haɗiya a hannun yara wahala ce gare shi, ya kamata a hana su.

Sai batun dafi, wanda ya fi damuna. Da yawa daga cikin dangin suna tara dafi a hanta, ƙwai da fata, dafin da ke toshe saƙon jijiyoyi, ya fara da mutuwar leɓe da harshe, ya kai ga tsayar da numfashi. Wuta ba ta kashe shi, kuma har yau ba shi da makari. Abin da asibiti ke yi shi ne taimaka wa mutum da numfashi har dafin ya fita daga jikinsa. A Japan, inda ake cin irin na teku da suke kira fugu, sai mai lasisi ne ke feɗe shi domin sayarwa, kuma an haramta sayar da hantarsa. Yawan dafin yakan bambanta gwargwadon nau'i, wuri da abincin kifin, don haka cewar wane ya ci ya kwana lafiya ba hujja ba ce.

Ina kira ga sassan nazarin halittu na jami'o'inmu na Dutse, Kafin Hausa da Kano su auna dafin talibambam ɗin da ke ruwanmu, su kuma zauna da sarakunan ruwa su rubuta abin da tsofaffin masunta suka sani game da inda yake kwana da lokacin da yake ƙwai. Malaman sakandare kuwa, busasshen talibambam ɗaya daga hannun masunci ya ishe su nuna wa aji haƙoran nan huɗu.

Wassalam.

Wani malamin sakandare,
Ƙaramar Hukumar Guri, Jihar Jigawa.