Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga Shugabar NAFDAC kan abinci mai zafi a leda

Ranki ya daɗe, Farfesa Mojisola Adeyeye,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Ni uwa ce a Kano, maganar leda ce ta sa na rubuto miki.

Da sassafe mai koko za ta zuba wa yaro kokonsa yana tururi a farar leda, ta ƙulle. Tuwo a leda muke malmala shi tun yana ƙuna. Alale kuwa ya fi tayar min da hankali, don da ledar ake jefa shi a tukunya, ta yi ta tafasa har ya nuna. Ni ma haka na yi shekaru ina yi wa 'ya'yana, alhali da gwangwani na ga mahaifiyata tana yi. Ga ruwan leda, jaka-jaka a jibge a ƙofar shago, ranar watan Afrilu tana dukansa.

Roba ba ta ruɓewa kamar ganye. Marmashewa take yi, ta zama ƙwayoyin da ba su kai milimita 5 ba, wasu ido ma ba ya ganinsu, kuma zafi yana hanzarta hakan. A 2022 masu bincike a Amsterdam sun samu irin waɗannan ƙwayoyi a jinin mutum 17 cikin 22. A 2024 likitoci a Italiya sun fitar da sakamakon bibiyar mutum 257 da aka yi wa aikin jijiyar wuya. Fiye da rabinsu an tarar da roba a kitsen da ya toshe jijiyar, kuma cikin kusan shekara uku bugun zuciya, shanyewar ɓarin jiki ko mutuwa sun fi samun masu robar da sama da ninki huɗu a kan waɗanda ba a tarar musu da ita ba. Robar da aka fi gani a jikinsu, folietilin, ita ce dai ake yin ledarmu da ita.

Ruwanda ta hana leda tun 2008, Kenya a 2017, Legas kuma ta haramta robar zuba abinci mai kama da soso a Janairun 2024. Ni ban roƙi a hana ruwan leda ba. A unguwarmu da famfo ba ya kawowa, shi ne ruwan shan talaka.

Abin da nake roƙo yana cikin ikonki. Mutanenmu sun yarda da lambar NAFDAC, in suka ganta sai su sha hankali kwance. To a sa sharaɗin ajiye ruwan a inuwa, daga masana'anta har shago, cikin ƙa'idar ba da lambar. A ɗebi kokonmu da alalenmu a auna a ɗakin gwajinku, a faɗa mana abin da aka gani. Sannan a yi maganar da Hausa a rediyo, da safe, lokacin da mai koko take kan murhu.

Allah ya taya ki riƙo.

Taki,
Wata uwa daga Kano