Idan kotu ta ƙi tilasta bincike, ƙofar wa za mu ƙwanƙwasa?

Malam Edita, assalamu alaikum. Ka ba ni ɗan fili in amayar da abin da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya.

Shekara uku ke nan da mutanen unguwarmu suka rubuta ƙorafi kan kwangilar ɗakin shan magani da aka ce an biya kuɗinta kaf, alhali ginin bai wuce linta ba. Ni na kai takardar da hannuna ofishin hukumar da ke binciken irin wannan ƙorafi. Wani ma'aikaci ya buga mata hatimi, ya miƙo mini kwafi, ya ce mu saurara. Kwafin na nan cikin ledar da nake ajiye takardun gida, har ya fara yin ja. Ginin kuwa awaki ke kwana a ciki, matanmu masu juna biyu na hawa Keke Napep zuwa awo a wata unguwa.

Da shirun ya yi yawa muka haɗa kuɗi muka je wurin lauya, ko kotu za ta tilasta a bincika. Bawan Allah bai ɓoye mana ba. Ya ce alƙali zai fara tambaya ne: wace cuta aka yi muku da ta wuce ta sauran jama'a? Ya ba mu misalin fitaccen lauyan nan, marigayi Gani Fawehinmi, wanda a 1999 ya nemi 'yan sanda su binciki zargin da ake yi kan takardun makarantar gwamnan Legas na lokacin, Bola Tinubu. A 2002 Kotun Ƙoli ta ce rigar kariyar sashe na 308 na kundin tsarin mulki ba ta hana a binciki gwamna, gurfanarwa kawai take hanawa. Amma ta ƙi umartar 'yan sanda su yi binciken, ta ce wannan zaɓinsu ne. An ba shi da dama, an karɓe da hagu. Idan Gani bai samu ba, mu su wa?

Mu a Kano mun ga ɗan'uwan wannan. A watan Oktoban 2018 jaridar Daily Nigerian ta saki bidiyon da ake zargin gwamnan lokacin, Abdullahi Ganduje, da karɓar daloli, ya kuma musanta. Majalisar dokoki ta kafa kwamiti, Babbar Kotun Jiha ta ce ba huruminta ba ne. A 2024 Babbar Kotun Tarayya ta faɗa wa hukumar karɓar ƙorafe-ƙorafe ta jiha haka nan. Ban ce ya aikata ba, Allah ne masani. Bincike ne zai wanke shi ko ya kama shi, kuma shi kansa wankewar ta fi masa wannan rataya.

Na san alƙali doka yake bi, ba zuciyarsa ba, kuma na san akwai masu rubuta ƙorafin ƙarya don ɓata abokin hamayya. To amma sashe na 15(5) na kundin tsarin mulki ya ɗora wa gwamnati alhakin kawar da cin hanci, sai ga shi an ajiye shi a babi na biyu, wanda sashe na 6(6)(c) ya hana kotu tilasta aiki da shi. Wanda ke da hurumi ya yi gum, wanda ya motsa an taka masa birki.

Ina roƙon 'yan majalisarmu na tarayya su gyara dokokin hukumomin yaƙi da cin hanci, EFCC da ICPC: a sa wa'adin amsa ƙorafi, idan an ƙi bincike a rubuta dalili, a kuma ba mai ƙorafi damar kai wannan dalilin gaban alƙali. Kai kuma, Malam Edita, ka turo wakilinka da kyamara ya ga ginin namu kafin damina ta ƙarasa shi.

Naka mai karatu,
daga birnin Kano