Rahotonku kan masassaƙi Jago bai ambaci babban aikinsa ba

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Na karanta rahotonku kan Jacopo Cardillo, masassaƙin Italiya da aka fi sani da Jago, wanda aka haifa a Frosinone a 1987. Kun faɗi farin jininsa a intanet da gidan tarihinsa da aka buɗe a Naples a 2023, amma kun tsallake aikin da ya fi shafar mu.

A 2022 ya sassaƙa siffar wani matashi ɗan gudun hijira kwance a ƙasa, da baƙin dutsen marmara. An ɗora ta a jirgin ceto na Ocean Viking a tekun Bahar Rum, daga baya aka ajiye ta kan gadar Sant'Angelo a birnin Rum, inda wasu suka lalata ta. Na san mutum-mutumi ba ya cikin al'adarmu, amma wanda ya taɓa ganin samari suna hawa motocin Agadas zuwa Libiya zai gane wannan yaro.

Ina roƙon ku dawo kan batun, ku haɗa labarin aikin da muryoyin iyayen da 'ya'yansu suka bi wannan hanya.

Naku,
Mai karatu daga Damagaram